Vittorio De Sica: Tsakanin Kuka da Dariya

An haifi Vittorio De Sica a garin Sora na ƙasar Italiya cikin shekarar 1901. Ya fara yin suna a matsayin ɗan wasan kwaikwayo. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu sai ya dukufa ga nuna halin talaka, ya shirya Ladri di biciclette, wato Ɓarayin Kekuna, a 1948. Duniya ta yaba. Amma Umberto D., fim ɗinsa na 1952, bai yi kasuwa ba, kuma wani babban jami'in gwamnati, Giulio Andreotti, ya zarge shi da zubar da mutuncin ƙasa a idon baƙi.

Daga nan ya karkata ga soyayya da ban dariya. A 1953 ya fito tare da Gina Lollobrigida cikin Pane, amore e fantasia, a matsayin shugaban 'yan sandan ƙauye mai neman aure. A 1964 ya shirya Matrimonio all'italiana da Sophia Loren. Wasu masana sun ce ya saki hanya, ga kuma bashin caca da ya tilasta masa karɓar ayyuka barkatai. Duk da haka, ko cikin raha bai daina duba talauci da mutuncin mace ba. Ya rasu kusa da birnin Faris a 1974.