Muhammadu Bello: Sarkin Musulmin da ya rubuta littafi a kan ciwon ido

Wataƙila kana da tsohuwa a gida, a Gwaram ko a wani ƙauye na ƙasar Birnin Kudu, wadda bakin fatar idonta ya yi ja, kullum cikin hawaye, tana ɓoye fuska daga rana, da matsefata ƙulle a bakin zani don tsige gashin idon da ke sukarta. Wataƙila kuma ka sha jin ana cewa ai tsufa ne, a yi haƙuri. Shekara 200 da suka wuce an yi wani mutum da yaƙi ke gabansa, mulkin daula mafi girma a Afirka ta Yamma ke wuyansa, amma bai ɗauki ciwon ido a matsayin abin da za a zuba wa ido ba. Sai da ya ware lokaci ya rubuta littafi guda a kansa. Shi ne Sarkin Musulmi Muhammadu Bello.

An haife shi wajen shekarar 1781. Mahaifinsa Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, mahaifiyarsa Hauwa'u. Ya tashi a Degel, cikin gidan da littafi ya fi kowace dukiya yawa, ya yi karatu wurin mahaifinsa da baffansa Abdullahi da sauran malaman jama'a. Yana da shekara ashirin da 'yan kai aka yi hijira zuwa Gudu a 1804, aka gwabza da Gobirawa a Tabkin Kwatto cikin watan Yuni na wannan shekara. Shekarun da suka biyo baya sun yi tsanani: an sha kashi a Tsuntsuwa, an sha wuya a Alwasa, yunwa da cuta suka ci mutane a sansani. Bello ya ga wannan da idonsa tun yana saurayi. Shi ya jagoranci rundunar da ta ci Alƙalawa a 1808, shi kuma ya kafa birnin Sakkwato a 1809.

A 1812 Shehu ya raba aikin mulki biyu, yamma ga Abdullahi, gabas ga Bello. Cikin gabas ɗin akwai Kano, kuma a wancan zamani Birnin Kudu da Gwaram ƙasar Kano ce, don haka kakanninka na cikin talakawan da ke ƙarƙashinsa. Da Shehu ya rasu a 1817 aka yi masa mubaya'a. Bai samu hutu ba. Tawayen Abdussalami ya tashi nan take, Gobir da Kabi da Zamfara ba su kwanta ba, kusan kowace rani sai ya fita yaƙi. Shi ne ya tabbatar da Ibrahim Dabo a sarautar Kano a 1819.

Cikin wannan ɗawainiya ya yi rubutu fiye da ɗari, manya da ƙanana. Wanda aka fi sani shi ne Infaƙul Maisur, tarihin da ya gama a 1812. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne yadda magani ya ci masa rai. Ya yi rubutu a kan basur, a kan tsutsar ciki, a kan ciwon ƙoda, a kan amfanin ganyen filasko, da kuma magungunan da suka zo a hadisai. A cikin Usulus Siyasa, nasihar mulki da ya rubuta wa Sarkin Katsina Ummarun Dallaje, ya lissafa masu magani tare da manoma da maƙera da marina cikin masu sana'ar da ya wajaba sarki ya kula da su ya zaunar da su a garuruwa. Littafinsa na ido kuwa sunansa Masugul Lujaini, wato ƙerarriyar azurfa, ana kuma kiransa Ɗibbul Aini, maganin ido. Wanda ya raɗa wa littafin ciwon ido sunan azurfa, ka san ya san darajar gani.

Daga ina ya samo ilimin? Daga hadisai da littattafan likitancin Larabci da ke yawo hannun malamai da mahajjata. Kada ka raina wannan ilimi. Tun wajen shekara 1,000 da suka wuce, likitocin ido na Bagadaza irin su Ali bin Isa sun rarrabe cututtukan fatar ido ɗaya bayan ɗaya. Sun san wanda ke sa bakin fatar ya yi ja ya kumbura gashi ya zube, suna kiransa sulaƙ. Sun san wanda ke sa cikin fatar ya yi kaushi da ƙuraje, suna kiransa jarab. Sun san gashin ido da ke juyawa ciki. Sun kwatanta su daidai. Abin da ba su iya gani ba shi ne ƙwayar cutar, domin wadda ke haddasa jarab ba a hango ta a madubin likita ba sai 1907, ba a kuma iya raba ta aka raine ta a ɗakin bincike ba sai cikin shekarun 1950, a hannun wani masani ɗan ƙasar Sin mai suna Tang Feifan.

Waɗannan cututtuka biyu har yau su ne muke gani, kuma ya kamata ka iya bambanta su.

Na farko shi ne kumburin bakin fatar ido. A gefen fatar, bayan layin gashi, akwai ƙananan ƙofofi masu fitar da maiƙo wanda ke hana hawaye saurin bushewa. Idan suka toshe, ko ƙwayoyin cutar da ke zaune a fata suka yi yawa a gindin gashi, ko mutum na fama da amosanin ka, sai bakin fatar ya yi ja, ya riƙa ƙaiƙayi da zafi kamar an zuba yashi. Da safe ka tashi da ɓawo-ɓawo manne a gashin ido, wani lokaci hazbiya ta riƙa fitowa tana komawa. Ba ya yaɗuwa daga wani zuwa wani, da wuya kuma ya makantar, amma yana da naci: ya lafa, ya dawo. Babban maganinsa a hannunka yake. Ka wanke hannu, ka jiƙa tsumma mai tsabta da ruwan ɗumi, ka ɗora a kan idonka a rufe minti 5 zuwa 10, ka tausa fatar a hankali zuwa wajen gashi, sannan ka goge ɓawon. Sau biyu a rana har ya lafa, daga nan sau ɗaya, kuma sai an yi makonni kafin a ga amfani. Idan bai yi ba, likita na iya ƙara man shafawa mai kashe ƙwayoyin cuta, ko ƙwayoyin sha.

Na biyu shi ne amosanin ido, wanda a Nijar ake kira amadari. Duk da kamar suna, ba shi da alaƙa da amosanin ka. Ƙwayar cuta ce mai suna kilamidiya, kuma shi kam yana yaɗuwa: ta hannu, ta gefen zanin da uwa ta share wa wannan yaro fuska ta share wa wancan, ta ƙudan da ke sauka a kan kwantsa da majina. Irin wannan ƙuda a bayan gidan da aka yi a fili yake hayayyafa. Ciwon na farawa ne a ƙuruciya, sau da yawa ba tare da wani zafi mai yawa ba. Yaro ya kamu, ya warke, ya sake kamuwa, shekara da shekaru, kowane karo na barin tabo a cikin fatar ido ta sama. Da girma sai tabon ya ja fatar ta lanƙwasa ciki, gashi ya riƙa gogar baƙin ido a duk ƙiftawa, har hakiya ta rufe shi. Makantar da ta zo ta wannan hanya ba ta warkewa. Mata sun fi shan wahalarsa, domin su ke tare da yara. Jigawa na cikin jihohin da aka daɗe ana yaƙi da wannan ciwo, shi ya sa aka sha zagayawa ana raba azitiromaisin gari-gari.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ɗora yaƙin a kan abu huɗu: aikin gyaran fatar ido ga wanda gashi ya juya, magani mai kashe ƙwayar cutar, wanke fuskar yara, da gyaran muhalli, wato ruwa da masai. Azitiromaisin sau ɗaya ake sha. Inda bai dace ba, ana shafa man tetarasaikilin sau biyu a rana har mako 6. Aikin kuwa ƙarami ne, allurar kashe zafi ake yi a fatar kawai, ba a kai awa ɗaya ba, a ranar ake komawa gida. Tsige gashi da matsefata yana rage zafi na ɗan lokaci, amma gashin zai sake tsirowa, kuma guntun da ya karye ya fi suka.

Sai maganar kwalli, wanda ba a raba shi da littattafan magani na zamanin Bello, ba a kuma raba shi da tandun iyayenmu. Abu biyu muke so ka sani. Yawancin kwallin da ake sayarwa a kasuwa dutsen dalma ne, dalma kuwa guba ce ga ƙwaƙwalwar yaro, don haka kada a sa wa jariri. Tsinken kwalli ɗaya da ke yawo daga ido zuwa ido kuma hanya ce ta ɗaukar cuta. Duk wanda fatar idonsa ta yi ja ya ajiye kwalli har ya warke. Haka ruwan suga, ruwan nono, fitsari da ruwan ganye, duk mun ga idanun da suka lalata. Maganin ɗigawa mai sinadarin sitiroyid da ake saya a kemis ba da takardar likita ba ya fi su yaudara, domin yana kawar da ja nan da nan, a ɓoye kuma yana iya jawo hawan jinin ido da yana, ya ƙara rura gyambon baƙin ido.

Wani zai ce, to ai da irin magungunan gida kakanni suka rayu, har shi Bello. Amsar tana cikin rayuwar Bellon kansa, domin bai taɓa ɗauka cewa abin da ke hannunsa ya isa ba. A watan Maris na 1824 wani Bature ɗan Birtaniya, Hugh Clapperton, ya iso Sakkwato. Ya taso daga Barno ne tare da likita, Dakta Oudney, amma likitan ya mutu a hanya cikin watan Janairu, a Murmur kusa da Katagum. Bello ya karɓi baƙon, ya yi ta masa tambayoyi, kuma cikin abubuwan da ya nema daga Sarkin Ingila har da a turo masa likita ya zauna a ƙasarsa. Ka duba wannan: malami, ɗan Shehu, marubucin littattafan magani, yana neman likita daga mutanen da ba addininsu ɗaya ba.

Clapperton ya dawo a 1826 da littattafan Larabci a matsayin kyauta, har da littafin lissafi na Iƙlidis, wanda ya iske Bello zaune yana dubawa, domin kwafin gidansu ya ƙone a gobara. Amma likitoci biyu da suka taso da shi ba wanda ya iso. Dakta Morrison ya mutu tun ba a yi nisa da gaɓar teku ba, Dakta Dickson ya bi wata hanya ta Dahomi ba a sake ganinsa ba. Zuwan ya kuma faɗo daidai lokacin da rundunar Shehu Laminu na Barno ta shigo gabashin ƙasar Kano, kafin Sarkin Bauchi Yakubu ya tare ta a farkon 1827. Saboda yaƙin, Bello ya hana baƙon wucewa Barno, zumunci ya yi tsami, Clapperton ya kwanta ciwo ya mutu a Sakkwato cikin Afrilun 1827. Har Bello ya bar duniya likitan da ya nema bai zo ba.

Kai yau tafiyar mota ce tsakaninka da shi. Akwai Cibiyar Kiwon Lafiya ta Tarayya a Birnin Kudu, akwai asibitocin ido a Kano, cikinsu har da na ECWA da ke aiki tun 1943, akwai Cibiyar Ido ta Ƙasa a Kaduna. Fara da asibitin da ya fi kusa da kai, su za su tura ka gaba idan da buƙata. Ko gashi ɗaya ne ke taɓa ƙwayar ido, a kai mutum a duba shi. Kada a kwana idan gani ya ragu, ko ciwo ya yi tsanani, ko haske na damun ido sosai, ko farin ɗigo ya fito a baƙin ido, ko fatar ta kumbura gaba ɗaya da zazzaɓi, ko jariri sabon haihuwa ya tashi da ido a kumbure yana fitar da mugunya.

Shekarunsa na ƙarshe Bello ya fi zama a Wurno, ribaɗin da ya gina arewa maso gabas da Sakkwato, yana zaunar da makiyaya a garuruwa, yana koyarwa, yana rubutu. A 1836 ya fita babban yaƙinsa na ƙarshe, ya karya haɗin gwiwar Gobirawa da mutanen Maraɗi da Abzinawa a Gawakuke. Shekara na zagayowa, a 1837, ya rasu a Wurno yana da kimanin shekara 56, bayan shekara 20 a kan mulki. Ɗan'uwansa Abubakar Atiku ya gaje shi, ƙanwarsa Nana Asma'u ta yi masa marsiyya. Kabarinsa na Wurno, littattafansa na magani kuma, har da na idon, suna nan cikin rubutun hannu a taskokin tarihi na Sakkwato da Kaduna.