JEAN ROUCH, BATUREN DA YA MAYAR WA MUTANE HOTONSU

Dattawanmu na ƙauyukan Bichi da Dambatta da Dawakin Tofa suna tuna zamanin majigi, lokacin da motar gwamnati kan zo bayan an kai amfanin gona rumbu, a kafa farin ƙyalle a ƙofar dagaci, a nuna wa jama'a yadda ake shuka gyaɗa da yadda ake tsabtace rijiya. A wancan zamani manomi ɗan kallo ne kawai. Idan ma an ɗauki hotonsa, ba mai komowa ya tambaye shi ko daidai aka nuna shi. Mutumin da zan ba ku tarihinsa a wannan fitowa yana cikin 'yan kaɗan da suka komo suka tambaya.

An haifi Jean Rouch a birnin Paris ran 31 ga Mayu, 1917. Mahaifinsa hafsan sojan ruwa ne, masanin yanayin sama. Shi kuwa aikin injiniya ya koya, na gina hanyoyi da gadoji, aikin da ya kawo shi ƙasar Nijar a 1941, Faransa tana hannun Jamus. A nan ya haɗu da wani saurayi ɗan Sarkawa mai suna Damouré Zika, suka ƙulla abotar da ta wuce shekara 60. A 1942 aradu ta kashe ma'aikatansa guda 10. Damouré ya kawo kakarsa Kalia ta yi tsarkin da al'adarsu ta tanada, Rouch yana tsaye yana kallo. Daga ranar hankalinsa ya bar duwatsu da kwalta ya koma kan mutane. Ba a jima ba hukumar mulkin mallaka ta kore shi zuwa Dakar, daga can ya shiga yaƙi. Da aka gama, shi da abokansa biyu suka bi Kogin Kwara cikin kwalekwale a 1946 da 1947, tun daga mafarinsa har bakin teku, yana ɗauke da ƙaramar na'urar ɗaukar fim. Ƙafafun da ake ɗora ta a kai suka salwanta a hanya, sai ya riƙe ta a hannu yana bin mutane da ita duk inda suka nufa. Haka ya yi ta aiki har ya bar finafinai fiye da 100, mafi yawansu na rayuwar gaske ne, ba wasan kwaikwayo ba.

Abin da ya sa na zaɓe shi ya faru a garin Ayorou, a bakin kogi, a 1954. Can baya ya ɗauki fim na yadda Sarkawa ke farautar dorina, ya kai Faransa ya haɗa shi, ya sa masa kiɗa domin ya burge masu kallo. Sa'an nan ya ɗauko injin wuta da farin zane ya komo ya nuna wa masuntan kansu. Suka kalla, suka sake kalla, suka gane 'yan'uwansu da suka riga mu gidan gaskiya, aka yi kuka. Bayan haka suka shiga gyara masa. Suka nuna masa cewa farautar dorina shiru ake yinta, kiɗan nan da ya sa zai ƙara wa dabbar ƙarfin zuciya ne kawai. To, ga mutum mai digirin dakta daga Paris, ga masunta da ba su taɓa zama a aji ba, amma ya yarda su ne da gaskiya, ya daina sa irin wannan kiɗa. A wannan zama ne kuma wani maharbi ya gayyace shi ya zo ya ɗauki farautar zaki da baka da kibiya, fim ɗin da ya fito a 1965 bayan aikin shekaru.

Ba zan ɓoye muku inda aka yi masa ƙorafi ba. A 1954 ya ɗauki fim a Ankara ta ƙasar Gana, wadda a lokacin ake kira Gwalkwas, a kan 'yan ci-rani daga Nijar masu bautar iskokin da ake kira Hauka, waɗanda ke kwaikwayon gwamna da sojojin Turawa idan sun hau. A ciki an ga mutane bakinsu na kumfa, an ga an yanka kare an ci. Hukumar Ingila ta hana nuna shi a can. Ɗaliban Afirka da ke Paris suka ce ya tozarta baƙar fata, malaminsa Marcel Griaule ma ya so a lalata fim ɗin. Daga baya Ousmane Sembène na Sanigal ya zarge shi da kallon mutanen Afirka kamar yadda ake nazarin ƙwari. Mu da yawancinmu muka fito daga gidajen da aka san bori, mun san wannan abu ba abin wasa ba ne, ba kuma abin nishaɗin baƙo ba ne. A ganina masu ƙorafin suna da hujja, ko da yake mutanen Haukan ne da kansu suka kira shi ya ɗauka. Rouch ba ya cikin jerin tsarkakan Ekklesiya, ban kuwa kawo shi domin a yi koyi da shi a sha'anin bangaskiya ba.

Alherinsa ba na rabon tsaba ko kuɗi a bainar jama'a ba ne. Sana'arsa ya bayar. A Abijan ya tarar da Oumarou Ganda, tsohon soja da ya dawo daga yaƙin Indocin yana dako a tashar jiragen ruwa. Ya sa shi ya ba da labarin rayuwarsa da bakinsa a fim ɗin Moi, un noir na 1958. Ganda ya koyi aikin, har a 1972 ya zama na farko da ya ci babbar kyautar bikin finafinan Afirka na Wagadugu. Ya kuma taimaki Moustapha Alassane ya je Kanada ya koyi fim ɗin zane mai motsi. Shi da Damouré da Lam Ibrahim Dia da Tallou Mouzourane suka kafa ƙungiyar haɗin gwiwa, suka tsinko farkon sunayensu suka kira ta Dalarouta. Damouré kuwa, ban da fim, ya riƙe ɗakin shan magani a unguwar Lamordé ta Yamai inda talakawa ke zuwa. A yau da kowane baƙo ke zuwa ƙauyukanmu da waya a hannu yana ɗaukar yaranmu da marasa lafiyarmu da sunan neman taimako, nakan so in san ko nawa ne cikinsu suka taɓa komowa suka nuna wa iyayen yaran abin da suka ɗauka.

Ran 18 ga Fabrairu, 2004, yana da shekara 86, ya rasu a haɗarin mota da dare kusa da Birnin Ƙonni, aka binne shi a Yamai. An sa wa cibiyar al'adun Faransa da Nijar da ke can sunansa. A 2024 gwamnatin soja ta cire sunan, ta sa na Moustapha Alassane, wanda shi ma ya rasu tun 2015. Allah ya jiƙansu duka.