Marigayi Mustafa Alasan: Makanikin Da Ya Zama Gwanin Silima

Yau za mu tuna da wani bawan Allah da ya zauna tare da mu a Tawa shekaru da dama, wanda sunansa ya kai har ƙasashen Turai, amma da yawa cikin ƴaƴanmu ba su san shi ba.

An haifi Mustafa Alasan a shekarar 1942 a garin Ndunga, kusa da Yamai. Sana'arsa ta farko ita ce kanikanci. Tun yana yaro yake zana hotuna, ya haska su da fitila, mutane su taru su yi kallo. A Yamai ya haɗu da Bafaranshe Jean Rouch, wanda ya buɗe masa hanyar zuwa Kanada, inda ya koyi yadda ake sa zane ya yi motsi a wajen Norman McLaren.

A 1962 ya fito da fim ɗin Aouré a kan al'adun aure. A 1966 ya yi Le Retour d'un aventurier, labarin saurayin da ya dawo daga Amurka da kayan kaboyi, ya raba wa abokansa, suka hana ƙauye sakat. Amma wanda ya fi shafar mu ƴan kasuwa shi ne FVVA na 1972, wato mata, gida, mota, kuɗi. Wani ƙaramin ma'aikaci ne ya ɗauki rayuwar da ta fi ƙarfin albashinsa, ya taɓa kuɗin da ba nasa ba, ya ƙare a gidan kaso. Duk mai ba da bashi a kasuwa ya san irinsa.

Bayan ya shugabanci sashen silima na jami'ar Yamai shekara 15, ya zauna a Tawa yana riƙe da otel, ya mai da wasu ɗakunan wurin aikin fim. Bai tsaya jiran babban jari ba. Da ƴan tsana da kayan da ya haɗa da hannunsa yake aiki, kamar a fim ɗinsa Kokoa, inda dabbobi ke kokowa irin tamu ta gargajiya.

Faransa ta ba shi lambar girma a 2007. Allah ya yi masa rasuwa a Wagadugu ranar 17 ga Maris 2015. Daga Tawa har Barmu, ya kamata mu gaya wa yaranmu labarinsa. Allah ya jiƙansa, amin.