Muhammadu Asshaibani: Alƙalin da ya rasa kujerarsa saboda kare alƙawarin da aka yi wa ɗan tawaye

Duk wanda ya taɓa zama a ajin nazarin dangantakar ƙasa da ƙasa a jami'o'inmu ya san cewa akasari da sunan Hugo Grotius, mutumin Holan, ake buɗe darasin dokokin yaƙi da zaman lafiya, saboda littafinsa da aka buga a 1625. Ba a cika gaya wa ɗalibai cewa shekara 820 kafin fitowar wannan littafi an binne wani malami a kusa da birnin Rayyu na ƙasar Farisa, wanda ya bar wa duniya littattafai biyu kan wannan fanni ba. Malamin shi ne Muhammadu ɗan Hasan Asshaibani, ɗalibin Imam Abu Hanifa da Imam Malik, kuma malamin Imam Shafi'i. Abin da ya sa tarihinsa ya cancanci a waiwaye shi a yau shi ne, ya rubuta cewa alƙawarin da aka yi wa abokin gaba yana hawa kan mai mulki, sannan da ranar gwaji ta zo ya tsaya a kan abin da ya rubuta a gaban sarkin da ya fi kowa ƙarfi a zamaninsa.

An haife shi a garin Wasiɗ na ƙasar Iraƙi a shekara ta 132 bayan hijira, wato wajen 750 miladiyya, daidai lokacin da daular Banu Umayya ke faɗuwa, Abbasiyawa ke karɓar mulki. Mahaifinsa soja ne daga yankin Sham, kuma iyalin sun koma Kufa inda yaron ya tashi. Masu tarihi sun ruwaito cewa ya gaji dirhami dubu 30 daga mahaifinsa, ya kashe rabi wajen neman nahawu da waƙoƙin Larabawa, rabi kuma wajen hadisi da fiƙihu. Wannan rabo na dukiya ya bar tabo a dukkan rubuce-rubucensa, kamar yadda za mu gani.

Yana ɗan shekara 14 ko kusa da haka ya fara zama a majalisin Abu Hanifa. Bai daɗe tare da shi ba, domin malamin ya rasu a shekara ta 150 bayan hijira, sai ya ci gaba da karatu a hannun babban almajirinsa, Abu Yusuf. Daga nan ya nufi Madina ya zauna wajen Imam Malik kimanin shekara uku, ya ji Muwaɗɗa daga bakinsa, kuma ruwayarsa ta wannan littafi tana nan ana karanta ta har yau. Da ya dawo Iraƙi ya zama mutumin da ya san hujjojin mutanen Kufa da na Madina baki ɗaya, har ya rubuta littafi na musamman yana jayayya da ra'ayoyin malaman Madina. Littattafansa shida su ne ginshiƙin mazhabar Hanafiyya, kuma biyu daga cikinsu, Siyarus Sagir da Siyarul Kabir, su ne suka shafi maganarmu.

Mu mabiya mazhabar Malikiyya a wannan yanki ma muna da rabo a cikin karatunsa. Asad ɗan Furat na Ƙairawan ya yi karatu a wajensa a Iraƙi, sannan ya ɗauki mas'alolin da ya koyo ya kai wa Ibnul Ƙasim a Misira domin ya ji amsoshinsu bisa ra'ayin Malik. Wannan aiki ne Sahnun ya sake tacewa ya zama Mudawwana, uwar littattafan da Risala da Muhtasar suka sha nono daga gare ta. Saboda haka almajirin da ke jan baƙi a zauren Kano ko Zariya ko Damagaram yana da wata silsila da ke kai shi ga Asshaibani, ko ya sani ko bai sani ba.

Kalmar siyar jam'i ce ta sira, wadda ke nufin hali ko tafarki. A bakin malaman fiƙihu ta koma sunan fannin da ke duba yadda hukumar Musulmi za ta yi mu'amala da waɗanda ba sa ƙarƙashinta, a lokacin yaƙi da lokacin sulhu, da kuma yadda za ta yi da 'yan tawaye na cikin gida. Ba Asshaibani ne ya fara magana a kai ba. Abu Hanifa ya karantar da fannin, Auza'i na Sham ya yi masa raddi, Abu Yusuf kuma ya mayar wa Auza'i da martani. Abin da Asshaibani ya yi shi ne tattara wannan muhawara, da tsara ta babi-babi, da faɗaɗa ta har ta zama fanni mai cin gashin kansa. Siyarul Kabir ya iso mana ne a cikin sharhin da Sarahsi ya yi masa a ƙarni na biyar bayan hijira, malamin da ya shibta wa ɗalibansa yawancin ayyukansa yana tsare a kurkukun garin Uzjand.

Mai karanta littafin zai tarar da hukunce-hukunce da dama da kunnen zamani ya saba da su. Ba a kashe mata da yara da tsofaffi tukuf da masu ibada da suka keɓe kansu, matuƙar ba su shiga faɗa ba. Ba a wulaƙanta gawa. Manzon da ya zo ɗauke da wasiƙar sarkinsa yana cikin aminci har ya koma gida. Ɗan kasuwa Musulmi da ya shiga ƙasar abokan gaba da izininsu ba shi da damar ya ha'ince su ko ya taɓa dukiyarsu. Idan shugaba ya ga dalilin janyewa daga yarjejeniyar sulhu, dole ya sanar da ɗaya ɓangaren, ya kuma ba su lokacin da labari zai kai ko'ina a ƙasarsu kafin a ɗaga takobi.

Gaskiya kuma ta wajabta a faɗi cewa littafi ne na ƙarninsa. Ya kasa duniya gida biyu, gidan Musulunci da gidan yaƙi, ya yi dogon bayani kan rabon ganima, ya kuma yarda da bautar da fursunoni. Duniyar da ta rattaba hannu kan Yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 1945 da yarjejeniyoyin Janiba na 1949 ta wuce waɗannan wurare. Wanda ya ce duk dokokin ƙasa da ƙasa na yau suna cikin Siyarul Kabir ya yi ƙari, kamar yadda wanda ya ce fannin ya fara daga Turai ya yi ragi.

Inda littafin ya fi zurfi shi ne babin aman, wato lamunin da ake ba abokin gaba cewa ransa da dukiyarsa sun tsira. A wajen Asshaibani, lamunin da Musulmi guda ya bayar, namiji ne ko mace, yana ɗaure rundunar gaba ɗaya, kuma ya saɓa wa malaminsa Abu Hanifa ya ce har na bawan da ba a yi wa izinin yaƙi ba yana da inganci. Lamuni yana ƙulluwa da kowane harshe, yana kuma ƙulluwa da ishara idan abokin gaba ya fahimce ta a matsayin kira zuwa ga aminci. A nan ne dirhamin da ya kashe kan nahawu ya biya shi. Ya bi lafuzza ɗaya bayan ɗaya: idan mutumin da aka yi wa ƙawanya ya nemi lamuni ga 'ya'yansa da kalmar Larabci ta jam'in maza, alhali yana da maza da mata, lamunin ya game su duka; idan kuwa ya yi amfani da kalmar 'ya'ya mata, maza ba su shiga ba. Sarahsi ya ambata cewa mas'alolin wannan babi su ne mafi laushi a littafin, kuma Asshaibani ya shawarci Kisa'i, limamin nahawun Kufa, a kansu. Dalilin wannan taka-tsantsan a fili yake: rayukan mutane ne ke rataye a kan ma'anar kalma guda, kuma bai so mai ƙarfi ya sami ƙofar da zai fassara maganarsa yadda ya ga dama bayan mai rauni ya ajiye makami.

Jarrabawar ta same shi ne a birnin Raƙƙa, inda Halifa Haruna Rashid ya mayar da fadarsa a shekara ta 180 bayan hijira, ya kuma naɗa shi alƙali. Kafin nan, a shekara ta 176, wani jikan Sayyidina Hasan mai suna Yahaya ɗan Abdullahi, ɗan'uwan Idrisu wanda ya kafa daula a Maroko, ya ɗaga tutar tawaye a duwatsun Dailam. Fadlu ɗan Yahaya Barmaki ya lallashe shi ya sauko bisa takardar lamuni da halifa ya sa wa hannu, malamai da alƙalai da dattawan Banu Hashim suka yi shaida. Yahaya ya yarda ya zo. Bayan wasu shekaru zuciyar halifa ta sauya, ya tara malamai ya miƙa musu takardar yana neman a samo masa kafar da zai warware ta. Asshaibani ya karanta ya ce lamunin ingantacce ne, babu hanyar soke shi, jinin mutumin kuma haramun ne. Wani alƙali, Abul Bahtari, ya ba da fatawar da ake so, aka yaga takardar. Wasu ruwayoyi sun ce halifa ya jefi Asshaibani da tawada har ya ji masa rauni. An tuɓe shi daga alƙalanci, an hana shi ba da fatawa na wani lokaci, Yahaya kuma ya mutu a tsare.

Ba wannan ne kaɗai karon da ya tsaya a kan alƙawari ba. An ruwaito cewa halifa ya taɓa neman warware sulhun da Sayyidina Umar ya ƙulla da Kiristocin ƙabilar Banu Taglib, bisa zargin sun karya sharaɗi. Asshaibani ya nuna masa cewa halifofin da suka biyo bayan Umar sun ga abin da ake zargin, suka bar sulhun yadda yake, saboda haka babu hujjar taɓa shi.

Daga baya Haruna Rashid ya sake jawo shi kusa, ya tafi da shi a tafiyarsa zuwa gabas. A can, kusa da Rayyu, wajen da birnin Tehran yake a yau, ajali ya riske shi a shekara ta 189 bayan hijira, wato 805 miladiyya. Kisa'i ma yana cikin tawagar, kuma masu tarihi sun ce a rana ɗaya suka rasu, har halifa ya yi juyayin cewa ya binne fiƙihu da nahawu a wuri guda. Littafinsa bai mutu da shi ba. Daular Usmaniyya ta buga fassarar sharhin Sarahsi da harshen Turkanci a ƙarni na 19, sannan a 1966 Majid Khadduri ya fitar da fassarar Ingilishi ta wani sashe na rubutunsa kan siyar, wadda ta shigar da sunansa ɗakunan karatu na Turai da Amurka.

Darasin da ke cikin rayuwarsa ya shafe mu kai tsaye. Mun ga zaman sulhu iri-iri a wannan ƙasa tsakanin hukuma da masu ɗauke da makamai, da tsakanin al'ummomin da suka yi rikici, kuma mun ga yadda da yawa suke rushewa saboda kowane ɓangare ya shiga da niyyar fassara sharuɗɗan yadda ya so. Ana iya jayayya kan ko ya dace a yi sulhu da wani ko bai dace ba, kuma Asshaibani kansa ya bar wa shugaba wannan zaɓi. Amma da zarar an ba da lamuni, to alƙawari kaya ne. Hukumar da ta kira mutum ya ajiye makami sannan ta ci amanarsa ta rufe wa kanta ƙofa, domin na gaba ba zai sauko daga dutse ba. Haka nan wanda ya karɓi lamuni ya koma ɓarna ya warware shi da hannunsa.

Akwai kuma abin da ya rage ga masana shari'a da malamai da duk wanda ake kira fada domin a ji ra'ayinsa. A majalisin Raƙƙa an sami malamai biyu da takarda ɗaya a gabansu, ɗaya ya faɗi abin da ke ciki, ɗaya ya faɗi abin da ake son ji. Ya kamata sassan nazarin shari'a da na kimiyyar siyasa a jami'o'inmu su sa Siyarul Kabir a jerin littattafan da ɗalibi zai karanta tare da na Grotius, su kuma karantar da labarin wannan majalisi tare da shi. Allah Ya jiƙan Muhammadu ɗan Hasan, Ya ba shugabanninmu masu ba da shawara irinsa.