Dimostanis, Mai Rabin Aski

An haifi Dimostanis a birnin Atina, ƙasar Girka, shekara 384 kafin haihuwar Annabi Isa. Yana ɗan shekara bakwai ubansa ya rasu, waɗanda aka ba amanar gadonsa suka cinye. Ya tashi ba ƙarfin jiki, ga i'ina, ga gajeren numfashi. Atina kuwa ba ta da sarki, wanda ya iya magana gaban taro shi ke da gari.

Ran da ya fara miƙewa gaban taron, sai jama'a suka bushe da dariya har ya zauna. Wata rana kuma da taron ya sake ƙin sauraronsa, ya lulluɓe kansa da mayafi, ya nufi gida. Kowane cikinmu da harshe ya taɓa sarƙe masa gaban allo, yara suna ƙyaƙyatawa, ya san nauyin wannan tafiya.

Fulutak, wanda ya rubuta tarihinsa, ya ce sai ya gina ɗaki a ƙarƙashin ƙasa, yakan yi wata biyu ko uku a ciki yana gyara muryarsa. Don kada zuciya ta raya masa fita, sai ya aske rabin kansa ya bar rabi. Wannan dabara ta fi kome ba ni mamaki. A Sandamu, garinmu, wanda wanzami ya bari da rabin aski ko zaure ba ya leƙawa. Ashe dariyar da yake gudu ita ya naɗa mai tsaron ƙofarsa. Yakan kuma cika baki da tsakuwa yana magana, ko ya yi karatu yana hawan tudu da gudu.

Ya zama uban masu jawabi, amma tsoron bai sake shi ba. Da wuya ya buɗe baki bai shirya ba, har maƙiya suka riƙa yi masa ba'a, wai jawabinsa na warin fitila. Ya daɗe yana zuga mutanensa kan Filibus, sarkin Makidoniya. Da aka ci su yaƙi a shekara ta 338 ya gudu tare da masu gudu, aka yi masa gori, duk da haka shi aka zaɓa ya yi jawabin makoki.

A shekara ta 322 mutanen Makidoniya suka rutsa shi a tsibirin Kalauriya. Ya roƙa a bar shi ya rubuta takarda, ya ciji alƙalami, ya lulluɓe kansa. Sojan da ke bakin ƙofa suka yi ta dariya, tsammaninsu tsoro ne. Guba ce ya ɓoye cikin alƙalamin.