Josephine Baker: Tauraruwar rawa da fim da ta zama 'yar leƙen asirin Faransa

A ranar 30 ga watan Nuwamban 2021, Faransa ta shigar da sunan Josephine Baker cikin Panthéon, ginin da ke birnin Paris inda ake karrama manyan mutanen ƙasar bayan mutuwarsu. Ita ce baƙar fata mace ta farko da ta samu wannan matsayi, shekaru 46 bayan rasuwarta. Baƙar fata na farko da aka kai can shi ne Félix Éboué a 1949, gwamnan Chadi da ya mara wa Janar de Gaulle baya tun watan Agustan 1940. Shi ta hanyar mulki ya isa wurin. Ita kuwa daga dandalin rawa ta taso.

An haife ta ranar 3 ga watan Yunin 1906 a birnin St. Louis na jihar Missouri a Amurka, da sunan Freda Josephine McDonald. Mahaifiyarta wankau take yi, gidan kuma hannu baka hannu ƙwarya ne. Tun tana 'yar shekara takwas aka tura ta aikatau a gidajen fararen fata. A 1917, tana da shekara 11, rikici ya ɓarke a East St. Louis da ke tsallaken kogi, inda fararen fata suka ƙona gidajen baƙaƙe suka kashe mutane da dama. An yi mata auren fari tana da shekara 13. A aure na biyu, a 1921, ta samu sunan Baker, wanda ta riƙe har ƙarshen rayuwarta.

Ta fara rawa a bakin titi da ƙananan gidajen wasa, kafin ta samu gurbi a cikin 'yan rawar amshi na wasan Shuffle Along, wanda baƙaƙen fata suka shirya a New York. A ƙarshen layi ake ajiye ta, amma barkwancinta da yadda take karkatar da idanu ya sa 'yan kallo suka fi lura da ita.

A 1925 aka tafi da ita Paris tare da tawagar mawaƙa da 'yan rawa. Ranar 2 ga watan Oktoba suka buɗe wasan La Revue Nègre a gidan wasa na Champs-Élysées, tana da shekara 19. Cikin 'yan makonni sunanta ya game birnin. A 1926 ta koma Folies Bergère, inda ta yi rawa da ɗan bante da aka jera wa ayabar ado, hoton da har yau shi ake fara tunawa da shi idan an ambaci sunanta.

A nan ne kuma muhawara take. Faransa ta wancan lokaci tana mulkin mallaka a Nijar, Chadi, Kamaru da sauran ƙasashe, kuma 'yan kallon Paris suna son a nuna musu Afirkar da suke raya wa zuciyarsu: daji, ganga da tsiraici. Josephine, wadda haifaffiyar Amurka ce, ta sayar musu da wannan hoto, ta samu kuɗi da 'yancin da ƙasarta ta hana ta. A Paris tana iya shiga otal ko gidan cin abinci ta babbar ƙofa. Wasu masu nazari na ganin ta ƙarfafa raini ga 'yan Afirka, wasu kuma na ganin shaguɓe take yi wa masu kallon nata da wannan barkwanci.

Fina-finanta ma sun ɗauko wannan tufka da warwara. Ta fito a La Sirène des tropiques a 1927, fim marar sauti. A 1934 ta jagoranci Zouzou tare da Jean Gabin, inda ta fito a matsayin mai wankau da ta zama tauraruwar waƙa. A 1935 ta yi Princesse Tam-Tam, wanda aka ɗauki wani ɓangarensa a Tunisiya, ta fito a matsayin makiyayiya da wani marubuci Bafaranshe ya so ya mayar gimbiya. A lokacin da Hollywood ke bai wa mata baƙaƙe rawar 'yan aikin gida, ita sunanta ne a saman allo. Sai dai a duka ukun, labarin bai taɓa barin ta auri Baturen da ke tsakiyar fim ɗin ba.

Da ta koma New York a 1936 don wasan Ziegfeld Follies, jaridu suka yi mata ca, wasu otal-otal kuma suka ƙi karɓarta. Ta dawo Paris, ta auri Jean Lion a 1937, ta zama 'yar ƙasar Faransa.

Yaƙin duniya na biyu ya buɗe wani sabon babi. Wani jami'in leƙen asiri, Jacques Abtey, ya ɗauke ta aiki, domin shahararta na ba ta damar shiga liyafar ofisoshin jakadanci da tsallake iyakoki ba tare da an tsananta bincike ba. Bayan Jamus ta mamaye Faransa a 1940, ta riƙa ɗaukar bayanai da aka rubuta da tawadar da ido ba ya gani a kan takardun waƙoƙinta zuwa Lisbon. A 1941 ta koma Moroko, inda rashin lafiya ya kwantar da ita fiye da shekara guda a wani asibiti na Casablanca. Da ta murmure, ta zagaya arewacin Afirka da Gabas ta Tsakiya tana yi wa sojojin ƙawance wasa. An ba ta muƙamin ƙaramar laftana a rundunar sojan sama, daga baya kuma aka karrama ta da lambar Résistance, Croix de guerre da Légion d'honneur.

Bayan yaƙi ta fuskanci wariyar Amurka gaba da gaba. A rangadinta na 1951 ta ƙi yin wasa a duk inda ake raba baƙi da fari, har wani gidan rawa a Miami ya sakko ya amince da sharaɗinta. A watan Oktoban shekarar ta zargi gidan Stork Club na New York da ƙin kawo mata abinci. Ɗan jarida Walter Winchell ya mayar da martani da zargin cewa tana da ra'ayin kwaminisanci, lamarin da ya rufe mata ƙofofin aiki a Amurka na tsawon shekaru. Ranar 28 ga watan Agustan 1963, sanye da kakinta na soja, ta yi jawabi a gangamin Washington, ranar da Martin Luther King ya yi jawabinsa da ya shahara.

A gidanta na Milandes da ke yankin Dordogne, ita da mijinta na huɗu Jo Bouillon suka fara ɗaukar riƙon yara, har suka kai 12, daga ƙasashe irin su Japan, Kolombiya, Aljeriya, Moroko da Kodebuwa. Burinta shi ne ta nuna cewa 'yan Adam masu launi da addini daban-daban na iya tashi a gida ɗaya. Amma kashe kuɗin ya fi samu, bashi ya yi mata katutu. Aka yi gwanjon gidan a 1968, aka fitar da ita da ƙarfi a 1969. Gimbiya Grace ta Monaco ce ta sama mata matsuguni ita da yaran.

Ba ta daina aiki ba. Ranar 8 ga watan Afrilun 1975 ta buɗe sabon wasa a gidan Bobino na Paris don cikarta shekara 50 a dandali. Kwana biyu bayan haka aka same ta a sume sakamakon zubar jini a ƙwaƙwalwa. Ta rasu ranar 12 ga watan, tana da shekara 68. An yi mata jana'iza da faretin girmamawa na soja a majami'ar Madeleine, aka binne ta a Monaco.

Gawarta tana can har yau, bisa buƙatar iyalinta. Akwatin da aka shigar Panthéon na ɗauke ne da ƙasar da aka ɗebo daga wurare huɗu: St. Louis, Paris, Milandes da Monaco.