Karl Adam: Malamin lissafin da ya koya wa duniya tseren kwale-kwale

Matasa, yau shafinmu zai leƙa wani wasa da ba mu cika ganinsa a wayoyinmu ba, wato tseren kwale-kwale, da tarihin mutumin da ya sauya masa fasali a Jamus. Sunansa Karl Adam, kuma bai taɓa zama ɗan tseren kwale-kwale ba. Ɗan dambe ne, malamin makaranta.

An haife shi ranar 2 ga Mayu, 1912, a yankin Hagen da ke yammacin Jamus. A jami'a ya karanta lissafi da kimiyyar fiziks da ilimin motsa jiki. Ƙato ne majiyi ƙarfi, don a 1937 ya ci kambun damben ajin masu nauyi a gasar ɗalibai ta duniya a birnin Paris. Ƙuruciyarsa ta faɗo a zamanin Hitler, kuma tarihinsa yana da tabo a nan: ya koyar a ɗaya daga cikin makarantun da gwamnatin Nazi ta kafa don rainon yaranta, ya kuma shiga Yaƙin Duniya na Biyu inda ya ji rauni. Bayan yaƙi, a 1948, ya samu aikin koyarwa a wata sakandare a Ratzeburg, wani ɗan ƙaramin gari a arewacin ƙasar da tafkuna suka kewaye. A can aka ɗora masa kula da 'yan kwale-kwalen makarantar.

Don ku gane abin da ya yi, ga yadda wasan yake. Babban jirgin tsere siriri ne dogo, yana ɗaukar matuƙa takwas, kowanne da filafili ɗaya, kuma duk sun ba wa inda za su baya. Na tara shi ne ɗan jagora, mara nauyi, wanda ke zaune a ƙarshen jirgin yana fuskantar gaba. Shi ke riƙe da igiyar juya jirgi, shi ke faɗa musu lokacin da za su ƙara wuta. Nisan tseren mita 2,000 ne. Mutum ɗaya ya saɓa da sauran da ƙiftawar ido, to jirgin ya rage gudu ke nan.

Masu horarwa na lokacin sun fi damuwa da kyan zama da lanƙwasar jiki, yadda suka gada daga magabata. Shi kuwa Adam, da yake baƙo ne a harkar, sai ya dinga tambaya irin ta malamin fiziks: mene ne ainihin abin da ke tura jirgi gaba? Ya aro dabarar 'yan gudu, a yi da ƙarfi na ɗan lokaci, a huta, a sake. Ya shigo da ɗaga ƙarfe a lokacin sanyi. Ya gwada filafili mai faɗin baki wanda ke kama ruwa sosai, har aka riƙa kiransa da sunan garin Macon na Faransa, inda duniya ta gan shi a gasar Turai ta 1959. Ya kuma sauya jerin zaman matuƙa, biyu na tsakiya suka koma tuƙi ta gefe ɗaya don jirgin ya daina karkata. A 1953 yana cikin waɗanda suka kafa kulob ɗin kwale-kwale na Ratzeburg.

Wani abin da ya bambanta shi, bai yarda da salon yi-shiru-ka-bi ba. Yana zama da yaransa a yi muhawara kan tsarin horo, kowa ya san dalilin wahalar da yake sha. Ɗaya daga cikinsu, Hans Lenk, ya zama farfesan falsafa daga baya.

To, ina sakamakon? Daga 1920 zuwa 1956, Amurka ce ke lashe zinaren jirgin mutum takwas a kowace gasar Olamfik, sau takwas a jere. A 1960, a tafkin Albano kusa da birnin Rum, yaran Adam daga Ratzeburg da Kiel suka karya wannan lagon, tare da ɗan jagoransu Willi Padge, Amurka ta ƙare a ta biyar. Suka ci kofin duniya a 1962 a Lucerne, suka sake ci a 1966 a Bled. A tsakani, a Tokiyo 1964, Amurka ta rama, suka tashi da azurfa. Kafin gasar Meziko ta 1968, birnin da ke sama da mita 2,200 daga doron teku inda numfashi ke wuya, sai ya kwashi yaran zuwa kan tsaunuka suka yi horo. Suka dawo da zinare, kuma ɗan jagoransu Gunther Tiersch shekarunsa 14 kacal. Jamusawa suka laƙaba wa Adam sunan farfesan kwale-kwale.

Ya rasu ranar 18 ga Yuni, 1976, a Bad Salzuflen, yana da shekara 64. Wata ɗaya bayan haka, a Montreal ta Kanada, aka fara barin mata su yi tseren kwale-kwale a Olamfik, kuma zinaren jirgin mutum takwas ya tafi Jamus ta Gabas, inda wata budurwa 'yar shekara 18, Marina Wilke, ta yi musu jagora. Ta sake ci a Mosko a 1980.

Adam bai ɓoye iliminsa ba, ya yi rubutu a kai, masu horarwa daga ƙasashe suka yi ta zuwa Ratzeburg ɗaukar darasi, har abokan hamayyarsa suka kwaikwaye shi. Don haka kai da ke ganin lissafi ba shi da amfani a wajen aji, ko ke da aka ce ba ki da gado a wata sana'a, ku tuna da wannan malamin. Da sandar alli da agogon auna lokaci ya shiga harkar da ba tasa ba, kuma har yau horon da ake yi a wasan yana tafiya kan tambayoyin da ya fara yi.